Na Je Neman Atsumi a Shibamata

Layin jirgin ƙasan da ke kai mutum Shibamata tasha uku gare shi kacal: Takasago, Shibamata, Kanamachi. A Takasago muka canza jirgi da hantsin wata Asabar cikin watan Nuwamba, sanyi ya fara shigowa Tokyo amma bai kai na toshe kunne ba. Ni da wani dattijo ne, tsohon injiniya da ya yi ritaya, wanda ke taimaka wa baƙin da suka zo kwas irin namu na wata uku kan harkar ruwan famfo. Baba nake ce masa. Da farko ya ɗauka sunan wani ne nake laƙaba masa, da na bayyana masa abin da kalmar ke nufi a wurinmu sai ya yi shiru, ya sunkuyar da kai, daga ranar kuma bai sake amsa wani suna daga bakina ba.

Shi ya jawo wannan tafiya. Mako biyu kafin nan ya gayyace ni gidansa cin abincin dare, bayan an kwashe kwanuka ya sa mini wani tsohon fim mai fassarar Turanci a ƙasa. Wani mutum ne mai faffaɗar fuska da ƙananan idanu, da tawadar Allah a gefen gira, ya ɗora malafa, ya yafa kwat a kafaɗa bai zura hannu ba, laya rataye a wuya, akwatin fata a hannu. Ɗan koli ne mai bin bukukuwa da kasuwanni yana talla da zaƙin baki. Ya dawo gida bayan shekara ashirin, gidan kawunsa mai sayar da ƙulallen gari, inda ƙanwarsa ke zaune. Kwana biyu ba a yi ba ya ɓata wa kowa rai, ya kunyata ƙanwar a gaban mutane, ya ɗauki akwatinsa ya fita. Na yi dariya har da hawaye a farkon fim ɗin. Can wajen tsakiya dariyar ta tsaya mini, domin kawuna nake gani, ƙanin mahaifiyata, kamar an tsaga kara.

Kawu ɗan koli ne shi ma. Kwalli, madubi, allura, zare, turare ɗan goma, su ne jarinsa. Juma'a yana Wudil, Lahadi yana Ɗambatta, sauran kwanakin Allah kaɗai Ya san inda yake. Bai ajiye iyali ba. Idan ya zo gidanmu, daren farko zaure ba ya ɗaukar mutane saboda hira, dare na uku an yi faɗa, da asuba an nemi jakarsa an rasa. Duk da haka ban taɓa ganin Inna ta raba tuwon dare ba ta ajiye wani kwano a gefe ba, ko da wata shida ba a ji ɗuriyarsa ba. In an yi mata magana sai ta ce hannunka ba ya ruɓewa ka yanke ka yar.

Na gaya wa Baba wannan a daren. Ya ce, "To kai ma ka san Tora," wato mutumin nan na cikin fim ɗin. Sannan ya ce sunan ɗan wasan Atsumi Kiyoshi, kuma sai ya kai ni unguwar da aka yi labarin.

Muna fitowa daga tasha muka yi kiciɓis da shi. Mutum-mutumi ne na tagulla a tsaye a filin gaban tashar, akwati a hannu, ya ɗaga ƙafa zai tafi amma ya waiwayo. A 1999 aka kafa shi, da kuɗin da 'yan kasuwar unguwar da maziyarta suka tara. Shekara goma sha takwas yana waiwayen banza, babu kowa a bayansa, sai a 2017 aka kafa na ƙanwarsa Sakura 'yan taku kaɗan daga inda yake, ta tsaya da ɗan zanen aikin gida a ƙugu tana kallonsa. Yatsun ƙafarsa ta hagu sun yi fes suna ƙyalli saboda shafar hannun mutane. Wata tsohuwa mai sanda ta zo ta shafa, ta yi masa magana ƙasa-ƙasa kamar wadda ta gamu da maƙwabci, ta wuce. Na duba rubutun da ke jikin dakalin, na tambayi Baba ko sunan Atsumi ne. Ya ce a'a, Tora ne. Wannan shi ne karo na farko a ranar da na nemi Atsumi na tarar da Tora.

Daga tasha zuwa haikalin Taishakuten hanya ce ɗaya 'yar siririya, ba ta fi mita ɗari biyu ba, shaguna na katako dama da hagu. Nan ake gasa waina busasshiya ta shinkafa, can ana yanka alewa da wuƙa bisa katako ana buga ta kamar kiɗa, gaba kuma gidajen kifin kogi. Abin da unguwar ta yi suna a kansa shi ne kusa-dango: garin shinkafa ne da aka kwaɓa da wani ganye mai ƙamshi har ya koma kore, aka mulmula shi kamar ƙananan fura, aka shafa masa jan wake da aka dama da sukari. Na tambaya a kan abin da ke ciki kafin in ci, kamar yadda na saba a ƙasar, aka tabbatar mini babu nama babu giya. Yana da danƙo, yana da ɗan ɗaci a ƙarshen harshe wanda zaƙin waken ke rufewa. Da shayi kore marar sukari muka kora, muna zaune kan benci, Baba ya fara ba ni tarihin mutumin.

Sunansa na yanka Tadokoro Yasuo. An haife shi ranar 10 ga Maris 1928 a Tokyo, wajen Ueno, ba a Shibamata ba. Yaro ne mai yawan laulayi, karatu bai karɓe shi ba, yaƙi ya ci ƙuruciyarsa. Bayan yaƙin ya yi ta gararamba cikin 'yan talla na bakin titi, waɗanda ake kira tekiya, ya haddace salon maganarsu, irin wadda ake jero kalmomi masu amsa juna har mai wucewa ya tsaya ya sayi abin da ba ya bukata. Duk wanda ya taɓa tsayawa gaban mai maganin gargajiya a tashar mota ya san wannan baiwa. A farkon shekarun 1950 ya shiga gidajen wasa na Asakusa, har ya kai ga wanda ake kira France-za. Ba wurin mutunci ba ne, gidan rawar tsiraici ne, aikin 'yan barkwanci shi ne su riƙe 'yan kallo tsakanin rawa da rawa. Mutanen da ke zaune ba don su suka biya kuɗi ba, saboda haka wanda ya iya sa su dariya ya iya da gaske. Ginin yana nan har yau da sunan Toyokan, ana barkwanci a cikinsa.

A 1954 tarin fuka ya kwantar da shi. Aka cire masa huhun dama gaba ɗaya, ya yi kusan shekara biyu a asibitin jinya. Ya fito ya bar giya, ya bar taba, ya koma aiki da huhu ɗaya. Baba ya ajiye kofinsa ya ce in riƙe wannan a raina, domin duk ihun da zan ji Tora yana yi a kasuwa, duk gudun da zan ga yana yi a bakin kogi, da rabin numfashin mutum ake yin su.

Talabijin ce ta fito da shi a farkon shekarun 1960, fina-finai suka biyo baya. Wani abu da ya ba ni mamaki, a 1965 ya fito a wani fim mai suna Bwana Toshi da aka ɗauka a gabashin Afirka, inda ya zama Bajapanen da aka aika ya gina gida a ƙauye, bai san harshen mutanen ba, bai san al'adarsu ba. Tun daga nan Afirka ta shiga ransa, ya riƙa komawa. Na ji daɗin wannan fiye da yadda zan iya bayyanawa, ina zaune a unguwar da ban ga baƙar fata ko ɗaya ba tun safe.

Tora kuwa a talabijin aka haife shi, a 1968, cikin wani shiri mai kashi 26 mai suna Otoko wa Tsurai yo, wato kamar a ce zama namiji da wuya. Yamada Yoji ne ya rubuta, kuma daga hirar Atsumi kan tsofaffin abokansa 'yan talla ya samo mutumin. A kashi na ƙarshe aka kashe Tora: ya je tsibirin Amami kamun macizai, maciji ya sare shi. Mutane suka yi ca a kan gidan talabijin ɗin da waya, suna tambayar da wane dalili aka kashe musu shi. Wannan fushin ne ya sa Yamada ya matsa wa kamfanin Shochiku a dawo da shi a fim a 1969. Daga nan har 1995 aka yi guda 48, duka da Atsumi, duka ban da biyu Yamada ne ya ba da umarni. Shekaru da yawa biyu ake fitarwa a shekara, ɗaya a tsakiyar bazara lokacin da Japanawa ke komawa garuruwansu ziyarar kaburbura, ɗaya a sabuwar shekara. Har littafin Guinness ya shigar da shi a matsayin jerin fim mafi tsawo da jarumi ɗaya ya riƙe.

Labarin kusan ɗaya ne kullum. Tora ya dawo gida, an yi faɗa, ya tafi wani gari, ya gamu da wata mace, ya kamu da sonta, ya taimake ta, ta auri wani ko shi da kansa ya ja da baya, ya ɗauki akwati. Na tambayi Baba ko mutane ba su gaji ba. Ya ce, "Kai ka gaji da zuwan kawunka?" Ya ce a shekarun da suke aiki daga safe har tsakar dare suna gina ƙasa, kowa da kwat iri ɗaya, jirgi iri ɗaya, Tora ne kaɗai mutumin da ba shi da agogo, kuma duk wautarsa akwai gidan da ba a rufe masa ƙofa.

Mun shiga harabar haikalin, ni a matsayin baƙo mai kallo. Tun 1629 yake. Akwai wata bishiya a gabansa da aka tallafe rassanta da sanduna sun miƙe kamar hannuwa, a bayan ginin kuma sassaƙe-sassaƙen katako ne masu zurfi da aka rufe da gilashi. Aiki ne na gwanaye, amma ban daɗe ba, hankalina yana gaba.

Gidan tarihin Tora yana jikin gangaren kogi, an buɗe shi a 1997. Abin da ya tsayar da ni a ciki shi ne ɗakin shagon kansa, wanda aka yi ta ɗaukar fim a cikinsa a sutudiyon Ofuna, aka ɗauko shi dungurungum aka kafa a nan bayan an rufe sutudiyon a 2000. Ga teburan masu saye, ga ɗakin zama na iyali da ɗan gajeren teburinsa inda ake cin abinci ake faɗa, ga matakalar da ke hawa ɗakin Tora. Na tsaya na ƙura wa matakalar ido. Katakon ya goge, ya yi duhu a inda hannu ke kamawa. Shekara ashirin da shida mutum ɗaya yana hawa yana sauka a kanta, ya fara yana ɗan arba'in da ɗaya, ya gama yana da sittin da bakwai. A wani gefen an buɗe akwatinsa an baje abin da ke ciki, 'yan tarkacen matafiyi marasa daraja. Na tuna ranar da muka buɗe jakar Kawu muna yara, muka tarar da tasbaha, da reza, da ƙullin goro, da hoton Inna tana budurwa.

Na zaga gidan sau biyu. Hotunan matan da Tora ya so suna nan jere, taswirar garuruwan da ya taka tana nan, har Biyana ta ƙasar Ostiriya ya je a fim na 41. Malafa tana nan, takalmi yana nan. Amma Tadokoro Yasuo, mutumin da ke komawa gida bayan an kashe fitilu, ban gan shi ba. Na ce wa Baba ina gidansa, ina iyalinsa, me yake yi in ba ya aiki. Ya yi murmushi ya ce mu fita bakin kogi.

Kogin Edo yana da faɗi a nan, gaɓarsa fili ne mai ciyawa, yara na buga ƙwallon sanda. Azahar ta yi, na shimfiɗa rigar sanyina a kan ciyawa na yi salla, Baba ya ja gefe ya tsaya ya juya baya yana tsare mini takalma, ba tare da na roƙe shi ba. Da na idar muka gangara wurin kwalekwalen Yagiri, wanda tun zamanin sarakunan Edo yake tsallakar da mutane zuwa ɗaya gaɓar, yankin Chiba. A cikin kwalekwalen, ruwa na ɗan bugun katako, ya ba ni sauran labarin.

Ya ce Atsumi ya gina katanga tsakanin aikinsa da gidansa, katangar da ba a taɓa ganin irinta ba. Ya yi aure, ya haifi 'ya'ya, amma abokan aikin da suka shekara ashirin tare da shi ba su san ƙofar gidansa ba. In mota ta ɗauko shi daga aiki, nesa da gida yake sauka ya ƙarasa da ƙafa. Ba ya zuwa liyafa, ba ya son taro. Tora surutu, shi shiru. Tora bai iya karatu ba, shi kuwa mai yawan karatu ne da zuwa kallon wasan wasu, yana kuma rubuta gajerun waƙoƙin nan na haiku da wani sunan aro. Da shekaru suka tura, ya rage karɓar wasu ayyukan ƙwarai, domin kada mutane su ga fuskar Tora a jikin wani mutum dabam. Ya iya wasu rawar, ya nuna hakan tun kafin Tora, amma ya ajiye su.

A farkon shekarun 1990 aka gano yana da ciwon daji a hanta, daga baya ya kai ga huhun da ya rage masa. Bai faɗa ba. Ya ci gaba da fitowa shekara bayan shekara. A fim na ƙarshe, na 1995, yawancin wuraren a zaune yake, an naɗa masa mayafi a wuya, muryar ta dushe. Masu zuwa kallon ɗaukar fim suna kiran sunan Tora, ba ya iya ɗaga musu hannu, wasu suka ce girman kai ya shige shi. Bai kare kansa ba. A cikin wannan halin ya je Kobe, garin da girgizar ƙasa ta 17 ga Janairun shekarar ta kashe mutum sama da dubu shida a cikinsa da kewayensa, aka ɗauki ƙarshen fim ɗin a unguwar da ta ƙone, Tora yana gaida waɗanda suka tsira. Wannan ne fitowarsa ta ƙarshe.

Ya rasu ranar 4 ga Agusta 1996 yana da shekara 68. Ya bar wasiyya cewa iyalinsa kaɗai za su yi masa sallama, kada a sanar da kowa sai an gama komai. Haka aka yi. Sai bayan kwana uku ƙasar ta ji. Baba ya ce yana ofis labarin ya zo, wani abokin aikinsa da bai taɓa ganin ya nuna damuwa a kan komai ba ya tashi ya shiga banɗaki ya daɗe bai fito ba. Dubban mutane suka yi layi a Ofuna cikin zafin Agusta don yin bankwana, gwamnati ta ba shi lambar girmamawa ta al'umma bayan rasuwarsa. An riga an shirya fim na 49, za a ɗauka a Kochi, ɗaya daga cikin 'yan jihohin da Tora bai taɓa takawa ba.

Da farko abin ya tsaya mini a rai. A wurinmu ciwo na jama'a ne, a zo dubiya, a yi addu'a, mutuwa kuma ba a ɓoye ta, ana neman yawan masu salla. Na ce wa Baba ai ya hana masoyansa ladan dubiya. Bai yi gardama ba. Ya ce kawai, da sun sani, da duk wanda ya shiga silima a shekarun nan na ƙarshe mai jinya zai gani, ba Tora ba.

Na yi ta juya maganar har muka kai gaɓa muka juyo. Mu ma muna cewa ba don tuwo kaɗai aka yi ciki ba. Na san dattawa a unguwarmu da suka yi shekaru da ciwo a jiki, suna fita masallaci da farar riga a goge, ba wanda ya sani sai matansu. Ba mu kiran wannan rowa, dattako muke ce masa. Abin da Atsumi ya riƙe amana ce: mutane miliyoyi sun ba shi wani ɗan'uwansu ya ajiye musu, ɗan'uwan da ba ya tsufa, ba ya ciwo, kullum yana wani gari yana talla kuma zai dawo. An taɓa kashe musu shi sau ɗaya a 1969 sun ƙi yarda. Shi kuma ya ƙudura ba za a sake kashe shi a hannunsa ba, ko da kuwa za a ce masa mai girman kai. A zamanin da ɗan wasa ke nuna wa duniya ɗakin kwanansa da allurar da aka yi masa a asibiti, na ga girman mutumin da ya yarda a manta da sunansa na yanka. Kuma dabarar ta ci. A cikin labarin Tora bai mutu ba har yau. Ko a fim na 50 da Yamada ya yi a 2019, da tsofaffin hotunan Atsumi, ba a ce ya mutu ba, ɗakinsa na sama yana nan ana jiransa.

Da muka hau gangaren ƙarfe huɗu ta yi, rana ta yi ja a kan rufin unguwar, ana buga ƙararrawar haikali. Na lissafa, ƙarfe takwas na safe ke nan a Kano. Na ce wa Baba ya ba ni minti biyar, na kira Inna. Bayan gaisuwa na ce, "Inna, ina labarin Kawu?"

Ta yi ɗan jim, don ban saba tambaya ba. Ta ce ya zo makon jiya, ya kwana huɗu, sun yi sa-in-sa da Yaya a kan kuɗin wani buhu, ya tafi ranar Talata ko karyawa bai yi ba. Ta ce ya rame, tari yake yi, ta tambaye shi ya ce ƙura ce. Na ce in ya dawo ta riƙe shi ko da dabara, zan turo kuɗi a kai shi asibiti a duba ƙirjin. Ta ce, "To, Allah Ya yi maka albarka. Ya manta bargonsa ma, na wanke na ajiye masa."

Baba yana jirana a ƙasan matakala da ƙunshin kusa-dango biyu, ɗaya na matarsa, ɗaya nawa. Muka bi ta cikin shagunan ana rufe su ɗaya bayan ɗaya, muka wuce tsakanin Sakura da yayanta, muka shiga jirgin Takasago.